Buhun Farin Karas Zuwa Matamaye

Tun da na dawo daga Nijar ban zauna a majalisarmu ta bakin masallaci ba sai wani ya ce, "Audu, ba mu labarin ƙasar waje." Na ba wannan rabi, na ba wancan rabi, har labarin ya fara dawo mini da abubuwan da ban faɗa ba. Shi ya sa na ce bari in zauna in rubuta shi gaba ɗaya, da inda na yi daidai da inda ban yi ba, kuma na biyun ya fi yawa. Karatuna bai wuce allo da firamare ba, sai a yi haƙuri da rubutun. Abin da nake so a fara sani shi ne ba yawon buɗe ido na je ba. Gaggawata ce ta kora ni.

Ga wanda bai san gidanmu ba, mu biyu muka gaji fadamar mahaifinmu a Kurmin Kogi, ni da yayana Tanimu. Ba mu raba ba. Shi ne babba, shi ke faɗin abin da za a shuka, kuma kowane rani tumatir ne kamar kowa. Lawali kuwa mutumin Nijar ne da ya yi shekaru yana zuwa mana cin rani, kafin ya samu aikin taya girki a sansanin wasu 'yan Caina masu gina hanya, can gaba da Matamaye. Shi ya aiko mini da iri a ƙullin leda. Ya ce abu ne kamar karas amma fari, tsawonsa ya kai damtsen mutum, kuma mutanen da yake wa aiki ba sa rabuwa da shi. Wata Hajiya a Kaduna mai kai kayan lambu gidajen abincin baƙi ta ce sunansa daikon, in na noma za ta saya. Mu dai farin karas muka sa masa.

Na matsa wa Yaya har ya bar mini rabin fadamar. Ya ce, "Rani ɗaya na ba ka. In ya yi, to. In bai yi ba, kada ka sake kawo mini maganar abin da za a shuka. Ni kuma hannuna ba zai taɓa abin nan ba."

Na shuka shi duka rana ɗaya, don mu masu tumatir tunaninmu kullum yadda za a cika mota ne. Ya yi kyau har mutane na tsayawa kallo. Sai da ya nuna gaba ɗaya Hajiya ta ce ai ita kaɗan-kaɗan take saye, duk mako, saboda masu cin sa ba su da yawa. Wanda ke ƙasa ya fara tsagewa, wani yana neman yin fure. Ban yi shawara da kowa ba na tone shi duka. Na rasa inda zan kai, sai na yi masa yadda muke wa albasa: na jera shi da ganyensa a rudu, wato gadon karan ajiye albasa da ke bayan gidan Yaya, don ya sha iska. Kwanaki kaɗan ya fara laushi. Wanda da in ka karya sai ya ce ƙas, yanzu lanƙwasawa yake.

Na kira Lawali. Ya ce, "Maigida, ni feraya kawai nake yi. Tsohon mai girkinmu ne ke ajiye shi wata da watanni, kuma ba ya jin Hausa, da hannu yake koya wa mutum. Ka zo ka gani da idonka. Ka taho da buhu ɗaya ya duba."

Washegari da sassafe na ɗaure buhu. Matata Rabi ta ce, "Ka biya ka yi wa Yaya sallama mana." Na ce mota za ta tashi ta bar ni. Babu wata mota da ke jirana. Kunyar haɗa ido da shi nake ji.

Ɗan acaba ya kai ni Ikara, daga nan na shiga motar Makarfi. A can na sayi mazarƙwaila don Lawali, na ƙarasa Tashar Yari na tsayar da motar Kano. Mai lodi ya buɗe bakin buhun ya ce, "Rogon ina ne wannan mai ganyen kabeji?" Aka tura buhun bayan mota, muka ɗau hanya.

Rana ta ɗaga, bayan mota ya ɗau zafi. Wanda bai taɓa jin warin farin karas in ya sha zafi a cikin buhu ba, ba zan iya kwatanta masa ba sai da abin da ba a faɗa a gaban manya. Mutane suka fara sauke gilashi. Wani Alhaji da ke gidan gaba, daga jin maganarsa ka san Bakano ne, ya juyo ya ce, "Jama'a, a ji tsoron Allah. Tafiya ce ta haɗa mu, ba gaba ba."

Kowa ya kalli wani bawan Allah mai jiki da ke barci kusa da ni, baki buɗe. Wata tsohuwa ta ce, "Barci ba laifi ba ne, amma mutum ya riƙa duba abin da yake ci kafin ya shiga mota." Ni na san daga inda abin yake fitowa, amma na yi shiru. Har hanci na toshe tare da su. Allah ya yafe mini.

A Kwanar Dangora direba ya buɗe baya zai sauke wa wani kaya, sai ya ja da baya. "Buhun wa ne wannan?"

Na ce nawa ne. Alhajin ya tambayi garinmu, na ce Ikara.

"Shi ke nan, Bazazzagi ne. Bawan Allah, kuna da rake, kuna da tumatir, me ya kai ka noman tusa?"

Na ce, "Alhaji, ku Kanawa ranar da kuka ji ana sayensa za ku buɗe masa kasuwa guda."

Ya ce, "Ana sayensa? A ina?"

Motar ta kwashe da dariya, har mai barcin ya farka yana tambaya ko mun iso. Na gutsuro mazarƙwaila na ba shi. Ya yi ta godiya, bai san ta mece ce ba.

Ashe shi ma Alhajin Nijar za shi. Sunansa Alhaji Nasidi, yana kai atamfa Damagaram. Ya ce in bi shi, don daga ganina ban taɓa wuce Kano ba, kuma gaskiya ya faɗa. A tashar Ƙofar Ruwa muka zauna jiran mota ta cika. Duk lokacin da na tambaya sai a ce saura mutum biyu, ko da mutum biyun sun zo. Na kasa zama. In je in latsa farin karas, in dawo, in sake komawa. Da na ga ganyen ya yi yaushi na sayi ruwan leda na yayyafa masa, sai ya ɗan miƙe. Na ji daɗi, na ɗauka dabara na samo. Nan take na kira Rabi na ce ta riƙa zuwa bayan gidan Yaya safe da yamma tana yayyafa wa ganyen ruwa.

Mun wuce Kazaure da kaɗan motar ta tsinke bel. Direba ya hau acaba ya koma neman wani. Sauran fasinja suka shimfiɗa abin da suke da shi a gindin bishiya, wasu har suka yi barci. Ni kuwa ina ta kai da kawo a bakin titi, ina lissafin cewa duk wannan zaman da muke yi, can gida abin yana ƙara laushi. Alhaji ya ce, "Zauna, Bazazzagi, kana sa ni jiri. Safarka ba za ta gyara mota ba."

Sai bayan magariba muka shiga Daura, ba halin tsallaka iyaka. Alhaji ya kai ni gidan mai masaukinsa, wani tela dattijo. Aka kawo tuwon dawa da miyar kuka da man shanu, aka biyo da fura mai yaji wadda har yanzu ban sha irinta ba. Na jawo buhuna cikin zaure kusa da tabarmata. Dattijon ya daure na ɗan lokaci, sannan ya ce wa Alhaji a hankali, "Baƙonka muna maraba da shi. Kayansa dai ko za su sha iska a tsakar gida."

Da safe na tarar akuyar gidan ta kwance bakin buhun ta cinye ganyen na sama-sama, ta bar su da aski. Raina ya ɓaci. Na ɗaga murya a gidan mutumin da ya ciyar da ni ya ba ni wurin kwana, na ce ai dabba ɗaure ta ake yi. Bai ce komai ba sai "Yi haƙuri, baƙo." Alhaji bai yi mini magana ba har muka kai Kwangwalam, garin bakin iyaka.

Iyaka ba yadda na zata take ba. Na ɗauka zan ga katanga ko kogi. Igiya ce da ganga da 'yan rumfuna, da masu canjin kuɗi suna bin mutum. Ɓangaren can da na nan duk Hausa ake yi, fuskokin ma iri ɗaya. A Ɗan Barto, wato ɓangaren Nijar, aka duba katina na ɗan ƙasa ba matsala. Buhun ne ya tsayar da mu. Jami'in ya zaro ɗaya ya juya shi, ya kira abokin aikinsa, shi ma ya kira wani. Suka yi Faransanci, suka dawo Hausa.

"Malam, abinci ne ko magani?"

Na ce abinci.

"To ci mu gani."

Na goge ɗaya a rigata na gatsa. Ya yi yaji fiye da yadda na san shi, amma na haɗiye ina murmushi. Shi ma ya gatsa. Idonsa ya kawo ruwa, ya yi tari, ya ce, "Wannan ai radi ne. Amma radin da na sani bai wuce babban yatsa ba. Ku 'yan Nijeriya komai naku sai ya wuce misali." Ya ce mu jira babbansu ya gani, babban kuma ya tafi salla. Muka jira, duk mota saboda ni. A nan na samu Rabi karo na ƙarshe kafin wayata ta daina aiki. Ta ce, "Ganyen ya yi kore shar, har sabo yana fitowa. Jikin ne dai kamar ya ƙara laushi." Na ce ta ci gaba da ruwan.

Abin da na fara lura da shi a Nijar shi ne babu mai sauri. Titi siriri, motoci kaɗan, amalanken shanu na tafiya a gefe, mai shi yana kwance a kai. Direbanmu ya tsaya a wani ƙauye ya zauna shan shayi. Ba irin namu na madara da burodi ba, wani baƙi ne mai ɗaci a ɗan ƙaramin kofin gilashi, kuma sai an dafa shi zagaye uku, kowane zagaye da hirarsa. A wurinmu da fasinja sun cinye direba da masifa. A can kowa ya sauka ya samu wuri. Aka miƙo mini, na shanye a tsaye na mayar da kofi. Mai shayin ya kalli Alhaji ya ce, "Wani nasa ne ba lafiya?" Alhaji ya ce, "Karas ɗinsa ne ba lafiya."

Wani abin kuma, kusan kowane gida akwai shanya. Tumatir, kuɓewa, ganyen albasa, kabewa, a kan rufi da kan tabarmi. Mu ma muna yanka tumatir mu shanya, amma sai kasuwa ta faɗi mun rasa yadda za mu yi, muna yi muna tsaki. Su kuwa tun suna shuka sun san wane kaso ne na shanya. Na gani da idona, amma hankalina bai kai ga nawa kayan ba.

A Matamaye muka rabu da Alhaji. Ya saya mini burodinsu, dogo kamar sanda, mai tauri har yana kankare dasashi, da kilishi. Ya ce, "In ka dawo ta Daura ka biya ka ba dattijon nan haƙuri. In kuma abin ya zama kuɗi, ka tuna Bakano ne ya tsallakar da kai." Daga nan na hau motar 'yan kasuwa, sannan wata tifa mai ɗaukar tsakuwa ta ƙarasa da ni sansanin.

Lawali ya yi ƙiba. Ya rungume ni, ya karɓi mazarƙwaila, muka fara gaisawa. Ba mu yi nisa ba sai ga wani ɗan tsoho gajere ya fito daga kicin, da singileti da takalmin roba. Shi ne mai girkin. Ma'aikata suna ce masa Baba Gishiri, don ba abin da ke wuce shi bai zuba wa gishiri ba. Na durƙusa zan gaishe shi. Ko kallona bai yi ba. Ya wuce kai tsaye ya zazzage buhun a ƙasa.

Na ce wa Lawali, "Su ba sa gaisuwa ne?"

"Suna yi. Gyaɗa kai ɗaya, an gama. In akwai aiki ma ba a yi."

Tsohon ya ɗauki ɗaya, ya murɗe ganyen ya jefar a gabana, yana magana da ƙarfi. Lawali ya ce, "Kada ka damu, ba faɗa yake ba, haka muryarsa take." Tsohon ya ɗauki na biyu ya latsa, muryar ta ƙara sama. Lawali ya ce, "To, yanzu kam faɗa yake."

Ya zaro wuƙa ya raba wani mai kyakkyawan ganye gida biyu. Cikinsa ya bushe, ya yi huji-huji kamar soso. Ya lalubo ɗaya daga cikin waɗanda akuyar Daura ta yi wa aski, ya raba. Ruwa ya bi wuƙar. Sai ya kama ganye ya nuna mini, ya nuna jikin, ya tsuke baki yana zuƙa kamar mai shan rake. Ba na buƙatar tafinta. Ganyen bai san an tone shi ba. Yana nan da rai, kuma tunda babu ƙasa, jikin yake sha. Albasa ganyenta mutuwa yake ya rufe mata baki. Wannan nasa cinye shi yake. Ni kuma na bar matata a gida tana lallashin ganyen da ruwa safe da yamma don kada ya mutu.

Tsohon ya ja hannuna zai kai ni bayan kicin, na fizge. Na ce wa Lawali ya ba ni wayarsa. Ya ce kuɗin ciki kaɗan ne, kiran Nijeriya kuma yana ci, kuma babu mai sayar da kati sai Matamaye. Ya ce in bari tsohon ya gama nuna mini tukuna. Ban saurare shi ba. Sai an hau tarin tsakuwa ake samun layi, na hau da rarrafe. Wayar Rabi a kashe, ƙila an kai caji. Na sake gwadawa, haka. Mutum ɗaya ya rage, kuma ko da na samu Rabi, tarin ya fi ƙarfinta ita kaɗai.

Na kira Yaya, ya ɗauka. Ya yi sallama, na ji muryarsa kamar yana kusa da ni. Tun da na yi wayo ban taɓa yi masa magana ba sai na gaishe shi, na tambayi kwanansa da iyali da gajiya, ya amsa ɗaya bayan ɗaya. Ga shi kuma na tafi ban yi masa sallama ba. Amma ina jin kuɗin wayar na zuba kamar ruwa a kwando. Na ce, "Yaya, Audu ne. A yanke ganyen duka yau, kada a bar ko ɗaya. A daina zuba ruwa. A fitar da shi daga rudu a kai inuwa."

Sai ya ce, "Audu. Ina wuni."

Na buɗe baki zan amsa, layin ya yanke.

Na daɗe a kan tsakuwar nan. Da na sauko tsohon yana tsaye yana jirana, ya riƙe ƙugu. Sauran darasin, wanda da na yi haƙuri da na haɗa shi cikin kiran, a bayan kicin yake. Ya kasa kayana kashi uku. Masu tauri ya datse musu kai, ya kai su wani rami a ƙarƙashin rumfa. Ya damƙi yashin ramin ya buɗe hannu: ya dunƙule amma ba ya ɗiga. Ya jera su a tsaye, a ɗan karkace, ba mai taɓa wani, ya rufe da yashi, ya ɗora ciyawa. Na ɗauki ɗaya zan wanke masa ƙasa, ya buge mini hannu. Ya tona gefe ya zaro wani da Lawali ya ce tun farkon sanyi aka binne, ya karya shi a kunnena. Ya ce ƙas.

Waɗanda suka yi laushi amma cikinsu bai lalace ba, ya lanƙwasa ɗaya kamar baka, ya yi dariya karo na farko. Ashe su ba asara ba ne. Wasu ya jera a ganga, jeri ɗaya gishiri ɗaya, ya ɗora faifan katako da ƙaton dutse. Wasu ya yanka siri-siri kamar taliya ya baza a raga a rana. Ya nuna mini wanda ya bushe, ya koma ruwan ƙasa-ƙasa, ba nauyi, yana ƙanshi mai zaƙi. Ya jiƙa kaɗan a ruwa, ya kumbura ya dawo. Kashi na uku, masu soso, ya tura da ƙafa wajen shara. Duk abin da ya yi sai ya sa na maimaita da hannuna, in na yi sauri ya sa in sake.

Masu tambayar abin da na ci, ga shi. Lawali yana da tukunyarsa daban ta ma'aikata Musulmi, a ciki aka dafa mini farin karas da naman rago. Ya yi laushi ya sha romo, yajin nan duk ya tafi. Wata biyu ina noman abu ban taɓa sanin haka yake a tukunya ba. Su da tsinke biyu suke ci, kwano a bakin leɓe, da sauri kamar ana korarsu. Ruwan zafi zalla suke sha ko ana rana. Na gwada tsinken, abincin ya ƙare a cinyata, na koma hannuna. Tsohon ya zuba mini na gangar gishiri in ɗanɗana. Na ci don kunya. A ɗakin Lawali na kwana, wani akwatin ƙarfe mai taga ɗaya, in dai za a kira abin da na yi kwana.

Ban samu motar fita ba sai washegari da rana. Da zan tafi na sake durƙusawa. Tsohon ya gyaɗa kai sau ɗaya, ya cusa mini ƙullin busasshen a aljihu, ya koma kicin.

Dawowa ba ni da labarinta da yawa, don ban ga komai ba. Na tsaya a Daura na ba dattijon haƙuri. Ya ce ya manta. Na ce a gaishe da akuya, bai gane ba, ban kuma tsaya bayani ba. Tun daga Kwangwalam wayata ta dawo. Na kira Yaya, tana shiga ba ya ɗauka. Na samu Rabi, ta ce, "Ni dai ya aiko ya ce kada in sake zuwa da ruwa, ya kulle ƙofar baya. Ban san abin da ke ciki ba. Me ka ce masa ne? Ko gaisuwata da ƙyar yake amsawa." Daga Kano zuwa Tashar Yari na zubar da farin karas ɗin nan a raina ya fi a ƙirga. Wani lokaci in ga ya watsa wa shanu, wani lokaci in ga ya bar shi yana ruɓewa don in zo in gani.

Sai washegari bayan la'asar na sauka a Kurmin Kogi. Hanyar gidan Yaya ta bayan katangarsa take bi, kuma katangar ba ta fi kafaɗata ba. In na ɗaga dunduniya zan ga rudun. Na tsaya a wurin. Sannan na sunkuyar da kai na zagaya ta ƙofar zaure.

Yana zaune a kan buzu da carbi. Na cire takalmi na durƙusa.

"Yaya, ina wuni."

"Lafiya lau. An dawo?"

"An dawo, Yaya. Mun same ku lafiya?"

"Lafiya lau. Ya hanya?"

Ya tambayi gajiya. Ya tambayi Lawali, da iyalin Lawali, da mahaifiyar Lawali da bai taɓa gani ba. Ya tambayi daminar mutanen Nijar, ko geronsu ya yi. Ya tambayi ruwan shansu. Da na ɗauka an gama sai ya koma kan gajiya. Bakina cike da tambaya ɗaya, amma na amsa kowace, na mayar masa da tawa, har na tambayi tumakinsa. Da ya ga ban tsallake ko ɗaya ba, ya ajiye carbin.

Na ce, "Yaya, na yi laifi. Na tafi ban sallame ka ba, na kuma kira ka kamar ina kiran ɗan aike."

Ya ce, "Na ji abin da ka ce a waya. Gaisuwar ce ban ji ba. Tashi mu je."

Ya buɗe ƙofar baya. Rudun babu komai. A gindin mangwaro ga tarin nan an lulluɓe da buhunan algarara masu danshi. Na ɗaga ɗaya. Duk an datse musu kai, ɗaya bayan ɗaya, yanka mai kyau irin na wuƙarsa. Na durƙusa ina latsawa. Wanda ya zama soso yana da yawa, ba zan ɓoye ba. Amma masu tauri da masu lanƙwasa sun fi su.

Na ce, "Kai kaɗai ka yi?"

"Wa zan kira ya ga abin da ƙanena ya tara mini a bayan gida?"

Na zaro ƙullin busasshen na ba shi, na faɗa masa maganar rami da yashi da ganga da shanya. Wannan karon a hankali na yi bayani. Ya shinshina, ya ɗan tauna, bai ce yana da daɗi ba, bai kuma tofar ba.

Ya ce, "Rabin fadama kam ka rasa shi, tumatir zai koma. Gefen rijiya na bar maka baɗi. Kuma kaɗan-kaɗan za ka shuka, yadda matar nan take saye."

Na ce na gode. Ya shiga ɗakin kaya ya fito da shebur biyu, ya miƙo mini ɗaya.

"Zurfin ramin fa?"

"Zuwa gwiwa, Yaya."

Ya dube ni daga sama, don Yaya dogo ne. "Gwiwar wa? Ka ce tsohon gajere ne."

Sai a lokacin na tuna ban auna ba. Na ce mu yi ta tsohon mu ƙara kaɗan. Ya yi bisimilla, ya kafa shebur a ƙasa.